Ranar da na cire wa jatan lande ido

Talata, tsakar dare

Har yanzu hannuna warin ruwan gishiri yake yi, na wanke sau uku bai fita ba. Bari in rubuta abin da ya faru tun kafin barci ya ɗauke ni, don na san zuwa gobe zuciyata za ta fara rage wa abin kaifi.

Tun gari bai waye ba na shiga ɗakin tankuna na gidan ƙyanƙyasar jatan lande. Haske dishi-dishi kawai ake bari a ɗakin nan, domin matan jatan lande masu shirin ƙwai ba sa son haske, ba sa son hayaniya. Ko ƙofa aka buga da ƙarfi sai ka ji sun fantsama suna dukan bangon tanki. Na duba zafin ruwa, digiri 28, daidai yadda ake so. Sai na ɗauki tocila na bi matan ɗaya bayan ɗaya. Ta gefe ake haska su, haske ya ratsa jiki, jakar ƙwai ta bayyana kamar inuwa a tsawon gadon baya. Wadda ba ta fara komai ba, ɗan zare siriri kawai za ka gani. Wadda ta kusa kuwa, inuwar ta yi kauri, ta yi duhun kore, ta buɗe a daidai gaɓar farko ta ciki. Cikin mata 12 da nake kula da su, mai lamba 3 ce kaɗai ta cika haka. Wata guda ta ɗan fara. Sauran shiru, yau mako na uku ke nan.

A kusurwar tankin na tarar da saɓa. Mai lamba 7 ce ta tuɓe ɓawonta cikin dare, ga shi nan kwance cif-cif, ƙafafu da dogayen gashin baki duk a jere, har da rufin idanu. Na ɗago shi a tafin hannu, ba nauyi ko kaɗan. Ita kuma tana can gefe, jikinta ya yi tuɓus. A irin wannan jatan lande mai zanen damisa, wannan ɗan lokacin ne kaɗai namiji ke iya saduwa da mace. Yana cusa ƙunshin maniyyi a wata 'yar aljihu da ke ƙasan ƙirjinta tun ɓawon bai taurara ba, ita kuma ta adana shi har ranar da za ta zubar da ƙwai. In ta sake saɓa kafin nan, ajiyar ta tafi tare da tsohon ɓawo. Shi ya sa saɓa da haihuwa a wurin waɗannan halittu kamar Ɗanjuma ne da Ɗanjummai, ba ka maganar ɗaya ka bar ɗaya.

Wajen ƙarfe 9 Malama ta shigo da hantsaki da almakashi a faranti. Ta duba takardar da na cika, ta ce, "Yau za mu cire wa shida. Ki bar mai lamba 7, jikinta bai yi ƙwari ba, in aka taɓa ta mutuwa za ta yi."

Na san ranar nan za ta zo. Na karanta abin, na amsa tambayarsa a jarrabawa. Idon jatan lande da na ƙaguwa a kan ɗan kara yake zaune, kuma cikin karan nan akwai tarin ƙwayoyin jijiya da masana suka sa wa suna gaɓar X. Su ke haɗa homon iri-iri, wato sinadaran da ke kai saƙo a jiki, su tura ta zaren jijiya zuwa wata 'yar ma'ajiya da ke jingine da hanyar jini, daga nan ya bazu a jiki. Ɗaya yana daidaita sukarin jini. Wani yana danne gaɓar Y da ke cikin kai, wadda ita ke fitar da homon saɓa. Wani kuma, da ake taƙaita sunansa GIH, aikinsa ya hana jakar ƙwai tara gwaiduwa. Birki ne. A teku, sauyin yanayi da zafin ruwa da tsawon yini da ƙoshi su ke sa birkin ya sassauta a lokacin da jikin uwar zai iya ɗaukar nauyin. A tanki sau da yawa ba ya sassautawa. Tun 1943 wani Bafaranshe mai suna Panouse ya ruwaito cewa in aka cire karan ido, jakar ƙwai takan kumbura ba lokacinta ba. Daga shekarun 1970 gidajen ƙyanƙyasa suka rungumi dabarar: a cire ido ɗaya, homon ya ragu, cikin mako ɗaya zuwa biyu a samu ƙwai.

Malama ta yi biyu ina kallo, sannan ta miƙo min almakashin da ta gasa a wuta. Zafin ne ke toshe ciwon, kada jini ya zuba. Na naɗe mai lamba 9 a jiƙaƙƙen tawul, kanta kaɗai a waje. Ina jin ƙarfinta a tafina, tana so ta naɗe jela ta kufce. Idon baƙi wul, yana juyawa a kan karansa. Na kama gindin karan da hantsaki na datse. Ɗan ƙauri ya tashi. Ko daƙiƙa biyu ba a yi ba.

Abin da ya biyo baya ne ya tsaya min a rai. Da na mayar da ita ruwa ta buga jela da ƙarfi sau uku, ta yi iyo a karkace tana zagaye, sannan ta sauka ƙasa ta ɗaga 'yar ƙafarta ta gaba tana shafa wurin. Ta shafa, ta dakata, ta sake shafawa. Na fi minti goma tsaye a kanta. Duk wanda ya taɓa ganin dabba tana lasar ciwo zai gane abin da yake gani.

Na ce, "Malama, ba zan iya ta biyun ba yau."

Ba ta yi min faɗa ba. Ta karɓi almakashin ta ƙarasa sauran ukun da hannunta, sannan ta ce in same ta a ofis bayan na wanke kayan.

A kan kantar ofishinta akwai wata kwalba da na sha wucewa ban tsaya na duba ba. Ƙaguwa ce a ciki, da wani ƙullutu mai launin rawaya manne a ƙasan cikinta. Yau ta sauko min da ita. Ta ce, "Ki faɗa min, mace ce ko namiji?" Na ga murfin cikin mai faɗi, na ce mace. Ta girgiza kai. Namiji ne, wata halitta mai rayuwa a jikin wasu da ake kira Sacculina ce ta shige shi. Takan baza saiwoyi a duk jikin ƙaguwa, ta kashe mata haihuwa, ta tsayar da saɓa. In namiji ne, siririn murfin cikinsa ya faɗaɗa irin na mace, ya dinga share ƙullutun nan yana yi masa fifita da ruwa kamar ƙwansa ne, alhali ƙwan baƙuwar yake raino. Daga nan ta gangaro kan wata mai bincike, Hélène Charniaux-Cotton, wadda a 1954 ta gano cewa mazantakar waɗannan halittu daga wani ɗan ƙullutu take fitowa, manne da bututun maniyyi. A dasa shi a jikin ƙaramar mace, ta fara komawa namiji. Masu kiwon babbar jatan lande ta ruwan daɗi yanzu sukan kashe aikin homon ƙullutun nan a jikin ƙananan maza, su zama mata masu yin ƙwai, in suka sadu da maza kuma 'ya'yan duk maza ne, masu saurin girma.

Ina sauraro ina mamakin ƙanƙantar abin da ke juya rayuwar dabba gaba ɗaya. Na tuna dodon koɗin teku da fentin ƙasan jiragen ruwa mai sinadarin TBT ya sa matansu suka tsiro da gaban maza har suka kasa zubar da ƙwai, da ɗan digon da ido ba zai taɓa gani a ruwa ba. Sai a 2008 haramcin fentin ya fara aiki a duniya.

Amma oktofas, mai hannuwa takwas, ita na fi daɗewa ina tunani a kai bayan na fito. Ita ma tana da ƙullutu biyu a kan jijiyar da ta haɗa ƙwaƙwalwa da sashen gani, sai dai nata tura ta suke yi gaba. Su ke balagar da ita, su ke sa ta kwanta kan ƙwai ta daina ci har ta mutu. A 1977 wani mai bincike, Jerome Wodinsky, ya cire su daga jikin mata masu kwanci, sai suka bar ƙwan, suka koma cin abinci, suka ƙara watanni a duniya. Akwai kuma wadda masu bincike suka bi a zurfin kusan mita 1,400 a gaɓar Kalifoniya, ta yi wata 53 rungume da ƙwanta, ba a taɓa ganin ta ci komai ba. Wata 53. Nakan rasa abin cewa duk lokacin da na tuna da ita.

Kafin in bar ofis na tambayi Malama ko dole ne a ci gaba da cire idon. Ta ce a'a, kuma ita ma ba don tana so take yi ba. Uwar da aka cire wa ido takan yi ta zuba ƙwai a jere har ta ƙare, ƙwan baya-baya ba sa kai na farko kyau, kuma binciken da aka yi kan farar jatan lande ya nuna 'ya'yan iyayen da ba a taɓa ba sun fi jure cuta. A 2022 dokar Birtaniya ta sa ƙaguwa da jatan lande da oktofas cikin dabbobi masu jin zafi. Ni a ganina, tun da an san haka, nauyin yana kanmu mu gyara ruwa da haske da ciyarwa har uwar ta saki birkinta da kanta, ko da za a daɗe ana jira. Na faɗa mata haka. Ta ce, "To, shidan da suka rage naki ne. Ba wanda zai taɓa idonsu. Ki rubuta komai, kullum, mu kwatanta."

Da yamma na mayar da mai lamba 3 tankin zuba ƙwai ita kaɗai, idanunta biyu lafiya lau. Na zauna a duhu da jar fitila. Wajen ƙarfe 11 ta tashi daga ƙasa ta fara zagaye a hankali, ƙafafun iyonta suna kaɗawa da sauri, sai ga ƙwai suna fita kamar hayaƙi mai ɗan kore, suna bazuwa a ruwa. 'Yan mintuna kaɗan ta gama ta koma ƙasa. Na ɗebi ruwan a ƙaramin faranti, bayan kamar awa ɗaya na sa a madubin ƙara girma. Wasu sun rabu biyu, wasu huɗu. Zuwa gobe da rana za su ƙyanƙyashe.

Kafin in kulle ɗakin na sake leƙa mai lamba 9. Ta daina shafa wurin, tana kwance a gindin bututun iska, abincin da na zuba mata tun yamma yana nan gabanta. Na kwashe shi don kada ya ɓata ruwa, na rubuta a takarda cewa ba ta ci ba. Ƙarfe 5 zan dawo in sake gwada ta.