Lita 20 da suka tsinke mana

Sana'ata haɗa man tsaftace hannu da ruwan kashe ƙwayoyin cuta, mu huɗu ne a wurin. Masu zuwa koyo suna ɗauka aikin duk zubawa ne da juyawa. Ina! Rabinsa a takarda ake gamawa, tun ba a buɗe jarka ba.

Abin da nake fara cusa wa yaro a kai shi ne, ruwa ba ya ƙara sinadari kuma ba ya rage shi, baza shi kawai yake yi. Jarkar sifirit mai lita 10, mai ƙarfin kashi 96 cikin 100, tsantsar da ke cikinta lita 9.6 ce, ko da ka juye ta a duro ka cika da ruwa. Tsantsar ake bi. Haka ma aka gina awon Hukumar Lafiya ta Duniya: don samun lita 10 mai kashi 80, ana zuba mililita 8,333 na mai kashi 96, saboda tsantsar da ke cikinsu lita 8 ce. Ragowar gurbin na gilisarin ne da sauran mahaɗi da ruwa.

Ran nan wani yarona ya saki hannu da ruwa, lita 20 suka fito a kashi 60. Allah ya taimaka ba mu kai ga zuba gilisarin ba. Ya ce, "Maigida, mu ƙara lita 20 na mai 96, ai shi ke nan." Na ce ɗauko biro. Daidai wa daida kashi 78 zai ba ka, ni kuwa 80 na rubuta a jikin kwalba.

Muka kira abin da za a ƙara x. Tsantsar da ke duro lita 12 ce, wadda za ta shigo 0.96x, kuma su biyun dole su zama kashi 80 na jimillar:

12 + 0.96x = 0.80(20 + x)

Ya warware da kansa, yana gumi: 0.16x = 4, wato lita 25. Tsantsa 36 a cikin lita 45, kashi 80 ke nan.

Sai dai duro bai kai layin 45 cif ba, yaron ya fara leƙen ƙasa ko yoyo yake. Ba yoyo ba ne. Sifirit da ruwa shigewa jikin juna suke yi, mililita 50 na wannan da 50 na wancan kusan 96 suke bayarwa. Shi ya sa ba na auna ruwa daban, cikawa nake yi zuwa layi, sannan in jefa ma'aunin sifirit in ga inda ya tsaya.

Na bilic bai kai wannan wuya ba. Mai kashi 3.5 in ana son 0.5, raba 3.5 da 0.5 ka sami 7, cire ɗaya: awo ɗaya na bilic, shida na ruwa. Yaron nan yanzu shi ke koya wa sababbin zuwa, kuma biro a kunnensa yake yini.