Sa hannun wa ake jira?

Da damina ƙanwata ta fara naƙuda, mijinta kuwa yana Legas wajen nema, waya ba ta shiga. Da muka isa asibiti daga ƙauyenmu na ƙasar Ringim, likita ya duba ya ce sai an yi fiɗa. Tana cikin hayyacinta ta riƙe min hannu ta ce, "Yaya, ki ce su yi, na yarda." Ma'aikacin asibitin ya ƙi miƙa mata takardar sa hannu, wai sai miji ko ubansa. Aka tura mai babur ɗauko surukinta. Kafin tsoho ya dangwala yatsa, ɗan ya koma a ciki. Ita ta tashi da yoyon fitsari, sai a asibitin Jahun aka gyara ta.

Ƙungiyarmu ta mata ce ta shigar da ƙara a babbar kotu. Ba diyya muka sa a gaba ba, so muke kotu ta furta cewa yardar baligar mace ta isa a yi mata aiki. Lauyar da ta tsaya mana kyauta ta nuna mana cewa tun 2009 ƙa'idojin neman haƙƙin ɗan Adam a kotu sun ba ƙungiya damar tsayawa a madadin jama'a, ko da ba ita aka cuta ba. A shari'ar Dakta Okonkwo ta 2001, Kotun Ƙoli ta ce baligi mai hankali shi ke da ikon karɓa ko ƙin magani. Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 kuma ta hana a ƙi duba mai larurar gaggawa. Ƙaramin yaro daban ne: a 2019 Kotun Ƙoli ta yarda a ceci ransa ko iyaye sun ƙi.

Dokar ba ta ba mu wuya ba, gida ne ya ba mu. Dangin miji suka ce tonon asiri ne, matan da suka ga komai a ɗakin haihuwa suka noƙe. Sai da na durƙusa gaban liman na ce, "Allah ya gafarta Malam, rai ne ya salwanta ana jiran yatsa." Da ya yi magana bayan sallar Juma'a, sannan maza suka bar matansu suka ba da shaida.

Na kuma gane darajar takarda. Katin awo da Inna ta adana a cikin kwalla, da takardar sallama mai ɗauke da lokacin isowarmu da na shiga fiɗa, su lauya ta fi riƙewa. Kuma ba mu taka ko'ina ba sai da ƙanwata ta amince da bakinta, domin ciwon nata ne.

Shari'ar tana nan, an sake ɗage ta zuwa bayan girbi.