Kunyar ɗan fari da tambayar da ta bar mini

Kakata ta wajen uba ta koma ga Mahaliccinta ban taɓa jin sunan mahaifina ya fito daga bakinta ba. Shi ne ɗanta na fari, kuma a tarbiyyar da ta tashi a cikinta uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta ma nuna ta damu da shi muddin akwai idon baƙo. Idan tana nemansa sai ta ce a kira mata wancan, kowa a gidan kuwa ya san wanda take nufi. A ƙarshen rayuwarta ta ga jikokinta mata suna rungumar 'ya'yansu na fari, suna kiran sunayensu da babbar murya, har suna ɗora hotunansu a Facebook, hukuncinta a kan haka kuwa bai wuce kalma biyu ba: rashin kunya. Ba sauyin zamani ta ɗauki abin ba, laifi ta ɗauke shi.

Na daɗe ina tambayar kaina inda wannan yaƙini nata ya samo asali, domin ba aya ba ce, ba kuma hadisi ba ne, hasali ma ya tabbata cewa Manzon Allah (SAW) ya sumbaci jikansa Hasan a gaban mutane. Gida ne ya koya mata, da harara da zunɗe da habaicin tsofaffi, har abin ya zauna mata a zuci kamar da shi aka haife ta. Masanin zamantakewa na Faransa Emile Durkheim, wanda ya rasu a 1917, yana ganin cewa muryar da take tsawata wa mutum daga cikin zuciyarsa muryar al'ummarsa ce, kuma duk wanda ya san kakata zai yi wuya ya musa masa. Tun kafin shi da nisa, Herodotus, marubucin tarihi na Girka a ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), ya kawo labarin yadda Sarki Dariyus na Farisa ya tambayi Girkawa nawa za a ba su su ci gawar iyayensu, suka ce babu dukiyar da za ta sa su yi haka; sai ya kira wata kabila ta Indiya da ta saba cin gawar iyayenta, ya tambaye su nawa za su karɓa su ƙona ta kamar yadda Girkawa suke yi, suka yi kururuwa suna roƙonsa ya daina irin wannan mummunar magana.

Da a nan maganar ta tsaya, da sai mu ce kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi, mu rufe littafi. Abin da ya hana ni yin haka shi ne kunyar kanta, wadda muke yabo, ita ce ta taɓa sa wasu Larabawan Jahiliyya binne 'ya'yansu mata da rai. Aya ta 58 da ta 59 a Suratun Nahli sun siffanta mutumin da aka yi wa albishir da haihuwar mace: fuskarsa ta yi baƙi, yana ɓuya daga mutane, yana shawara da ransa ko ya riƙe ta a wulaƙance ko ya turbuɗe ta a ƙasa. Wannan mutum ba ya ganin kansa a matsayin azzalumi, mutuncinsa yake karewa a idon danginsa, kamar yadda kakata take kare nata. Idan har al'umma ce kaɗai ma'aunin daidai da kuskure, to ba mu da bakin cewa ya yi laifi, wannan kuwa magana ce da hankali ba zai ɗauka ba.

Wanda ya fi ɗaure mini kai a wannan tarihi shi ne Sa'asa'a bin Najiya na kabilar Banu Tamim, kakan mawaƙi Farazdaƙ, wanda tun kafin Musulunci ya iso gare shi yake fansar irin waɗannan jarirai da raƙumansa. A cikin al'adar ya tashi, da nononta ya girma, amma ya ga abin da wasu ba su gani ba. Malaman tauhidi sun yi doguwar jayayya a kan irin wannan: Mu'utazilawa sun ce hankali yana iya gane kyau da munin aiki da kansa, su kuwa mabiya Imamu Ash'ari sun ce wahayi ne yake tabbatar da abin da ake ba da lada ko azaba a kansa. Duk da nisan da ke tsakaninsu, babu ɓangaren da ya miƙa wa al'ada alƙalanci na ƙarshe, ko da yake malaman fiƙihu, musamman na Malikiyya, sun ba ta gurbi mai faɗi a inda ba ta ci karo da nassi ba.

A ganina kunyar kakata a wannan gurbi take, kuma na daina yi mata kallon rashin ƙauna tun shekarar da mahaifina ya kwanta rashin lafiya mai tsanani. Ba ta shiga ɗakinsa ba ko sau ɗaya. Tabarma ta shimfiɗa a bakin ƙofa ta kwana uku a zaune da carbi a hannunta, duk wanda ya fito sai ta kawar da kai gefe ta tambaye shi a hankali yaya jikin wancan.