Abin da Na Kwaso daga Siton Jidda

Na bar aikin sito a Jidda bayan shekaru ina riƙe da lissafin kayan gyaran mota. Babban abin da na koya shi ne, ranar da ka nemi haƙƙinka a hannun azzalumin mudiri, ranar ce zai tuna cewa kai ɓarawo ne.

Albashinmu ya maƙale wata da watanni. Na kai kuka ofishin ƙwadago, aka buɗe zaman sulhun nan na kwanakin aiki 21 da ake yi kafin magana ta wuce kotun ma'aikata. Sammaci na isa hannun mudirinmu, sai ga shi a wurin shurɗa, wato 'yan sanda, wai batura da tayoyi sun salwanta a hannuna, na ci amana. Tuhumar ba ta wasa ba ce, domin dokar zamba da cin amana ta Saudiyya ta 2021 ta tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 5 da tarar da za ta iya kai riyal miliyan 3. Ya san haka sarai. So yake in firgita, in sa hannu na yafe albashi da kuɗin sallama, a buga mini bizar fita ta ƙarshe daga ƙasar.

Wani dattijonmu a unguwar Karantina ya ce, "Ɗana, bar shi da Allah, baƙo ba ya ja da ɗan gari." Na ce, "Baba, in na yi shiru na amsa sunan ɓarawo ke nan, kuma labarin zai riga ni isa Kano."

A kotun laifuka alƙali bai ko ɗaga murya ba. Ya jera takardu biyu a gabansa, ƙarata da ta mudiri, ya ɗora yatsa a kan kwanan watan kowacce. Sannan ya nemi ƙidayar kaya ta ƙarshe. Hotonta na cikin wayata, don ban taɓa yin ƙidaya ban ɗauka ba: ga hatimin kamfani, ga sa hannun mudirin kansa, ko ƙusa ba ta ɓace ba. Aka ce ya kawo shaida, sai kame-kame. Hujja a kan mai da'awa take, aka kori ƙara.

Doka ta ba alƙali ikon hukunta wanda ya shigar da ƙarar ƙeta, wanda aka cuta kuma yana iya neman diyya. Amma mutumin yana nan daram a kujerarsa, ni kuwa ba wanda zai biya ni barcin da na rasa.

Sauran darussan gajeru ne. Albashi ya bi ta banki. Kada ka sa hannu a takardar Larabcin da ba a karanta maka ba. Haƙƙin aiki kuma a neme shi cikin wata 12 da barin aiki.

Cikin waɗanda muke cin kabsa a faranti ɗaya, akawunmu ɗan Sudan ne kaɗai ya tsaya mini. Sauran da suka daina ɗaga wayata, yanzu su ne ke turo saƙo suna tambayar ta ina ake shigar da ƙara.