Sai Ka Ci Langar Kafin Ka Kafa Kyamara

Kamfanina ba wani babba ba ne: ni ne, da mai ɗaukar hoto ɗaya, da wata yarinya da ke mana tace fim, a ɗan wani ofis a Birmingham, Ingila. Bikin aure da suna ke biyan kuɗin haya. Fim ɗin tarihi kuwa, zuciya na so, aljihu na kuka.

Aikin da ya fi cin raina shi ne wanda wata ƙungiyar mabiya addinin Sikh ta ba mu kan rigimar rawani ta Wolverhampton. A 1967 hukumar sufurin garin ta dakatar da wani direban bas ɗan Sikh, Tarsem Singh Sandhu, don ya zo aiki da rawani da gemu. Aka shekara biyu ana kai ruwa rana, dubbai suka fito zanga-zanga, har wani dattijo, Sohan Singh Jolly, ya rantse zai cinna wa kansa wuta. A watan Afrilun 1969 hukuma ta sauko. Ni da na taso ina ganin rawani a kan malamai da hakimai, na san nauyin a ce wa mutum ya kwance nasa.

Ranar farko a gurdwara, wato wurin ibadarsu, muka kwafsa. Mun cire takalma, mun rufe kai, ashe akwai kwalin sigari a aljihun mai ɗaukar hotona, kuma taba haramun ce a wurin. Wani tsoho ya hango, bai ɗaga murya ba, ya nuna masa ƙofa da hannu kawai. Ranar ko jakar kyamara ba mu buɗe ba.

Daga nan na koyi zama. Mako uku ina zuwa langar, ɗakin da ake ciyar da kowa kyauta, in zauna a ƙasa cikin sahu, a zuba mini dal da chapati, in miƙa hannu biyu in karɓa. Tsohon nan da ya kori yarona shi ne daga baya ya kawo mini tsohuwar hular ma'aikatan bas, a naɗe cikin leda, ya ce, "Ɗana, da wannan za ka fara."

Sauti ne ya wahalar da mu. Lasifikar gurdwara ba ta hutawa da kiɗan harmoniyam da gangar tabla, dole muka mayar da hirarraki gidajen mutane. Tafinta ma ya ci kuɗi, don dattawan sukan fara da Turanci, da magana ta taɓa zuciya sai su koma Punjabi.

A wajen tacewa aka yi gardama. Matasan ƙungiyar suna son a sa dokar 1976 da ta yafe wa masu rawani hular kwano a kan babur, da hukuncin kotun ƙolin Birtaniya ta lokacin, wato Majalisar Dattawa, na 1983 kan yaron da makaranta ta ƙi ɗauka saboda rawani. Na ce minti talatin ba zai ɗauki wannan kaya ba. Muka sasanta: su sun sami layi biyu a ƙarshe, ni na bar tsohon yana juya hularsa a hannu na daƙiƙa arba'in, ba kiɗa, ba magana. Cikon kuɗina sai bayan wata biyar ya fito.