Ɗan Akaran da ya buɗe mini baki a Detroit

Na sauka a Detroit a watan Satumba na shekarar 2013 da jaka biyu da takardar izinin zama da na samu ta ƙuri'ar bizar Amurka, watanni biyu kacal bayan hukumar birnin ta je kotu ta ce bashi ya fi ƙarfinta. Kawuna, ƙanin mahaifiyata, shi ya ɗauko ni daga filin jirgi. A kan hanya na riƙa ganin manyan gidajen bulo da aka toshe tagoginsu da katako, ciyawa ta cinye ƙofofinsu, abin da ya ɗaure wa ɗan Nima kai, domin a unguwarmu ta Akara ko taku ɗaya na fili ba a bari ya zauna banza.

Aikin da na fara samu na dare ne, a wata masana'antar kayan gyaran mota. Nauyin aikin bai dame ni ba kamar yadda shiru ya dame ni. Na zo da Turancin da nake taƙama da shi tun daga makaranta, amma in na yi magana sai a ce in maimaita, in su suka yi sai in kama rabi in bar rabi. Saboda haka lokacin hutu nakan koma gefe da kwanon shinkafa da waken da matar kawu ta zuba mini, in ci in tashi ba tare da na ce wa kowa uffan ba.

Wata ranar Litinin wani dattijo baƙar fata da muke layi ɗaya ya tambaye ni ƙasarmu. Ina cewa Gana sai ya buga tebur ya ce, “Ziggy!” Mutum huɗu suka juyo suna kallona kamar na zo musu da saƙo daga gidansu. Na yi murmushin wanda bai san dawan garin ba, da safe kuma na tari kawu kafin ya fita da tasinsa.

“Kawu, wane ne Ziggy?”

“Kai yaro, kana Detroit ba ka san Ansah ba? Ɗan garinku ne. Ranar Lahadi kada ka yi barci, ka zo ka zauna kusa da ni.”

Sunansa Ezekiel Ansah, an haife shi a Akara a 1989, ya yi sakandare a makarantar Presec da ke Legon, wadda duk ɗan Akara ya san ba a shigarta da wasa. A 2008 ya tafi Jami'ar Brigham Young da ke Provo a jihar Utah, kuma karatu ne ya kai shi. Burinsa ƙwallon kwando ne, ya nemi shiga ƙungiyar jami'ar har sau biyu ba a ɗauke shi ba, sai ya koma tsere. A 2010 ne ya je wurin koci Bronco Mendenhall ya nemi a gwada shi a ƙwallon zari-ruga irin ta Amurka, alhali ko yadda ake ɗaura sulken kafaɗa bai iya ba. Shekara uku bayan haka, a watan Afrilu na 2013, ƙungiyar Detroit Lions ta ɗauke shi a matsayin mutum na biyar a zaɓen sababbin 'yan wasa na NFL, babbar gasar wannan wasa a Amurka, baki ɗaya.

Lahadin farko da na zauna kallo ban ga komai ba sai ƙarti suna karo da juna, a busa usur, su tashi, su sake. Kawu ne ya ce in daina bin ƙwallon da ido, in kafa wa mai lamba 94 ido kawai. Daga nan wasan ya fara warwarewa. Kowane ɓangare mutum 11 ne, kuma masu riƙe da ƙwallo suna da dama huɗu su ci yadi goma, in sun kasa ta koma hannun abokan hamayya. Ansah yana gefen layin gaba na masu tsaron gida, yana durƙusawa da hannu a ƙasa, ƙato mai nauyin sama da kilo 120, a gabansa kuma akwai wani da ya fi shi nauyi wanda ba shi da aiki sai tare masa hanya. Da zarar an miƙa ƙwallon baya, yana da kamar daƙiƙa uku ya ture wannan bango ko ya kewaye shi, ya cim ma mai jefa ƙwallo ya kayar da shi tana hannunsa. Wannan kayarwa ita ake kira sak, kuma da ita ake auna darajar mai wannan matsayi. Abin da ya fi ba ni mamaki shi ne mutum zai yi karo sau arba'in ko hamsin a yini, kuma in ya yi sak ɗaya tak a ciki an ce ya yi rawar gani. Mu da muka tashi da kallon ƙungiyoyin ƙwallon ƙafa na Gana irin su Hearts of Oak da Asante Kotoko mun saba wanda ya iya shi ne mai taɓa ƙwallo, a nan kuwa sai a gama kaka ɗan layin gaba bai riƙe ta a hannunsa ba.

A kakarsa ta farko ya yi sak 8, ni kuma na samu abin faɗa duk ranar Litinin. Da farko jimla biyu nake haɗawa tun a cikin bas, daga baya har gardama nake yi. A teburin hutu na wurin aiki ne aka nuna mini inda ake sayar da rigar sanyi mai araha, kuma a daidai lokacin da nake buƙatarta, domin hunturun wannan shekarar ya zubar da ƙanƙarar da Detroit ba ta taɓa ganin yawanta ba a tarihin da aka rubuta. A nan kuma wani ya ba ni aron motarsa na yi gwajin lasin tuƙi.

Ranar bikin godiya da Amurkawa suke yi a watan Nuwamba, a 2015, dattijon nan ya gayyace ni gidansa. Al'adar Lions ce su buga wasa a wannan rana kowace shekara. Matarsa ta je har Dearborn, inda Larabawa suke da yawa, ta sayo talotalon da Musulmi ya yanka saboda ni, abin da har yau ban manta ba. A ranar Lions suka lallasa Philadelphia Eagles da ci 45 da 14, Ansah ya yi sak uku da rabi, domin in mutum biyu suka kayar tare raba musu ake yi. Duk sanda ya kayar sai jikokin gidan su ruga su rungume ni, kamar ni na haife shi. Ya gama kakar da sak 14 da rabi, aka zaɓe shi cikin gwanayen gasar. A watan Janairu na 2016, lokacin da ruwan famfon garin Flint ya gurɓace da dalma, ya kai musu robar ruwa 94,000, daidai da lambar rigarsa.

Sana'ar tana cin jiki, wannan kam ba a ɓoye yake ba. Ciwon kafaɗa ya hana shi buga yawancin wasannin 2018, shekara ta gaba ya koma Seattle Seahawks, a 2020 ya je San Francisco 49ers inda tsokar damtsensa ta yage bayan wasanni kaɗan. Mutanen teburinmu da suka riƙa yi masa kirari su ne suka fara cewa kuɗinsa ya fi aikinsa, kuma na ji zafin maganar fiye da yadda ya kamata, wataƙila don a lokacin ni ma bayana ya fara ciwo saboda ɗaga ƙarfe.

Rigarsa mai launin shuɗi da na saya da albashina na uku na aika wa ƙanena a Nima bayan Ansah ya bar Detroit. Yana sa ta ya je kallon Hearts of Oak, kuma ya ce mini mutane suna tsayar da shi su tambaye shi wace irin ƙungiya ce 'yan wasanta suka kai 94.