Na je Daura da wayata da ciwona

Wata uku kenan ina ɗaukar ciwona da waya. Ni sikila ce, SS, tun ina shekara 2 aka gane. Fim ɗin nawa ba jarumi ba labari, silin ɗin asibiti ne da ɗigar ruwan da ake ƙara min da kukan fanka, sai bayan hannuna da jijiyoyi suka ɓuya saboda yawan huda. Amma duk sanda na kunna sai in ga gado in ga allura, shi ciwon kansa babu shi a ciki. Shi ya sa na ce sai na je wajen Kaka.

Mama ba ta so ba wallahi, don tsakiyar hunturu ne, kuma duk mai sikila ya san sanyi da ƙishirwa su ne ke tayar da shi. Haka dai na haɗa ruwa lita 3, suwaita biyu, safa, da magungunana folik asid da Paludrine da hydroxyurea, ƙanina ya rako ni, na biya kuɗin mutum biyu a gaba don in samu miƙe ƙafa.

Daga Kano har Ɗambatta lafiya lau, ina ta ɗaukar hazo ta gilashi, bishiyoyin kuka tsirara ba ganye. Muna dosar Kazaure bayana ya fara, irin wanda kamar ana sara ƙashi daga ciki, na ce Malam direba don Allah ɗan tsaya in sha magani, bai yi musu ba. Ashe wayar na kan cinyata tana ta ɗauka ban sani ba, minti huɗu ba komai sai ƙasan mota da numfashina da muryar wata mata daga baya tana cewa sannu 'yata, ta cire mayafinta ta lulluɓa min.

Da la'asar muka shiga Daura, ko rijiyar Kusugu ban leƙa ba. Kaka na ganina ta ce kishiya, ke ce da sanyin nan? Ta sa aka ɗora ruwa.

Haihuwarta tara, huɗu sun koma tun suna ƙanana. Hannu da ƙafa su kumbura, ido ya yi ɗorawa, yaro ya kwana yana tsala ihu. Wasu suka ce wabi take yi, wasu suka ce mayu, lokacin ba wanda ya san gwajin jini balle a ce mata in AS ya auri AS, wato masu ɗauke da jinin sikila amma ba su da ciwon, kowane ciki akwai yiwuwar ɗaya cikin huɗu ya zo SS. Ta ce kar in ɗauki fuskarta, to, na ba ƙanina wayar na ce hannunta kawai.

Tana tsoma tsumma a ruwan ɗumi ta matse tana gasa min baya, ban nuna mata wajen ba amma daidai nan take dannawa, daga ƙugu zuwa sama a hankali, tana kiran sunayensu ɗaya bayan ɗaya kamar suna tsakar gida. Da ta zo kan na huɗun sai hannun ya tsaya a bayana. Ƙanina ya kalle ni ko ya kashe, na girgiza kai. Minti 11 ne, yanzu haka ina haɗa fim ɗin kuma ko daƙiƙa ɗaya ban yanke daga wajen ba.